Garin da Yaya Ya Gina a Ɗakin Wankin Ƙoda

Shekarar da ƙodar yayana ta gaza, ina aiki a ɗakin karatu na jami'ar da ke Gashua, shi kuma yana noman shinkafa da tattasai a fadamar bakin kogi. Shi ne babba a ɗakinmu, ni ce auta. Abin ya fara ne da kumburin ƙafa. A Gashua ba sai an yi wa mutum dogon bayani a kan kumburin ƙafa ba, don da wuya ka sami unguwar da babu gidan da ya san inda yake kaiwa. Yaya ya ce tsayuwa cikin ruwan shinkafa ce ta jawo, muka yarda domin muna son mu yarda. Da fuskarsa ta bi sahu, aka yi gwaji, likita ya ce sai wankin ƙoda.

A Nguru ake yi masa. Can aka haife mu, can kuma Inna take zaune har yanzu a gidan da Baba ya rasu ya bar mana. Matar Yaya tana goyon jinjiri a lokacin, don haka rakiya ta dawo kaina. Mu shiga mota da sassafe, mu wuce Jajimaji rana na ɗagowa, mu isa asibiti kafin zafi ya yi ƙarfi.

Ɗakin wankin dogo ne, gadaje a jere, kowane gado da injinsa a gefe. Za a soka wa mutum allurai a hannun hagu, jininsa ya fita ta wata siririyar roba ya shiga injin, ya dawo ta wata. Ana ɗaukar sa'o'i ana haka, hannun kuma ba a motsa shi. Yaya mutum ne da ko abinci a tsaye yake ci idan aiki ya kama. Da aka kwantar da shi, sai ya rasa inda zai ajiye idonsa, ya ajiye shi a kan robar nan. Yana kallon jininsa yana fita, gumi yana tsattsafo masa a goshi, numfashinsa yana sama-sama. Kafin a kai ƙarshe sai ya ce a cire masa, shi ba zai iya ba.

Nas ɗin da ke kula da shi, wata dattijuwa mai sanyin magana, ta ja ni gefe ta ce idan ya ci gaba da yanke wankin a tsakiya, zuwan nasa da rashinsa kusan ɗaya ne. Ta ce in nemo abin da zai ɗauke masa hankali daga robar. Na kawo rediyo. Na sa masa karatun Alƙur'ani a kunne, ya natsu na ɗan lokaci, idon ya koma inda ya saba. Na ba shi waya ya kalli ƙwallo, ya ce jiri take sa shi.

Wata rana bayan an sallame mu muka biya gidan Inna ya huta kafin mu kama hanya. Yana kwance a tabarma a tsohon ɗakin Baba, ya ce mini, ba tare da ya kalle ni ba, shi fa ya gaji, ba ya jin zai sake komawa ɗakin can. Ya ce Allah da ya yi ciwo shi ya san ranar kowa. Na san mutanen da suka faɗi irin wannan maganar a unguwarmu, na kuma san yadda suka ƙare. Fankar sama tana juyawa a hankali.

Can sai ya nuna wani kwali a ƙarƙashin gado ya tambaye ni ko na tuna wasan garin nan.

Baba yana da shagon buga takardu da hoton takarda a kusa da tashar jirgin ƙasa. Ya sayi wata kwamfuta ta hannu, fara mai ƙaton kai, aka tarar da faifan wasa a cikinta wanda mai ita na farko ya manta. A wasan ana ba ka fili a bakin kogi da mutane kaɗan, kai za ka sa su sare itace, su yi gona, su gina rumbu da gidaje, har wurin ya zama gari. Idan ka yi sakaci yunwa ta kashe su, ko ruwa ya ci gonakin. Bayan la'asar, idan masu kawo aiki sun ɗauke ƙafa, Yaya yakan zauna a kai, ni ina tsaye a bayansa ina kallo. Baba sai ya kira shi ya sake kira bai ji ba. A iya sanina, shi ne abu ɗaya da ya taɓa zaunar da Yaya wuri guda.

"Da zan sami wasan nan, Auta," in ji shi, "ko kwana aka ce in yi a gadon can sai in yi."

Da wasa ya faɗa, har da ɗan murmushi. Ni kuwa na riƙe maganar da hannu biyu. Na ce zan kawo masa, amma shi ma ya yi mini alkawarin ba zai fasa zuwa ba. Ya ce to, irin to ɗin da ake ce wa yaro. Na yi alkawarin ne ban san ko abin yana yiwuwa ba.

Na jawo kwalin. Tsohuwar kwamfutar tana ciki, amma ɓeraye sun cinye wayoyinta, ruwan da ya taɓa shiga ɗakin kuma ya bar mata tsatsa. Faifan na same shi cikin wata leda, bayansa duk zane-zane kamar an ja shi a kan yashi. Na naɗe shi a gyalena na sa a jaka.

Da na koma Gashua na buɗe laftof ɗina sai na tuna ba ta da wurin sa faifai. Na juya ta ko'ina kamar ramin zai fito don na matsu. Wata abokiyar aikina, 'yar Filato ce, mijinta yana sayar da kayan kwamfuta a kasuwa. Da na ba ta labari ba ta yi dariya ba. Washegari ta zo mini da wata 'yar na'ura da ake haɗawa ta gefe a sa faifai a ciki, ta ce mijinta ya tono ta ne daga ƙasan kaya, in riƙe har in gama.

Faifan ya fara juyawa, ya yi ƙara kamar keken ɗinki, ya kai rabi ya tsaya. Na sake, ya tsaya a wuri ɗaya. Na karanta a intanet cewa man goge baki yana rage zanen faifai. Na zauna da auduga ina shafawa daga tsakiya zuwa baki, a hankali, domin idan na lalata wannan babu wani. Na wanke, na bar shi ya bushe a inuwa. Da na mayar, ya zo wurin nan ya yi ta kokawa, sai ya wuce. Na kwafe duk abin da ke ciki na ajiye a wuri biyu.

Na ɗauka an gama. Na danna don wasan ya shiga, sai kwamfutar ta fito da saƙo cewa wannan abin ba zai yi aiki a kanta ba. Akwai wani wuri da ake gaya mata ta ɗauki kanta kamar tsohuwa, na bi na gaya mata. Allon ya yi baƙi ƙirin, sai ya dawo yadda yake kamar ba a taɓa komai ba. Na gwada duk shekarun da ta ba ni zaɓi, amsar ɗaya ce.

Ranar wanki ta zagayo, na tafi hannu rabbana. Yaya bai tambaye ni ba. Da ma ya tambaya ya fi mini sauƙi. Ranar ma bai kai ƙarshe ba. A mota muna dawowa na lura yana jingina da ƙofa yana jan numfashi da baki, takalminsa kuma ya taka bayansu domin ƙafar ba ta shiga.

Daga nan duk lokacin da babu ɗalibai a gabana, ina kan neman amsa. Na faɗa wasu tsofaffin zaurukan intanet inda mutane daga ƙasashen da ban taɓa tunanin zuwa ba suka yi irin tambayata shekaru da yawa da suka wuce. Wani zai bayyana matsalarsa daidai da tawa, har saƙon da allon ya nuna, in yi ta sauka da ɗoki, sai in tarar a ƙasa ya rubuta cewa ya gyara, ya gode, bai faɗi yadda ya yi ba. Na tsine wa irin waɗannan a zuciyata fiye da yadda ya kamata. Wasu sun bar adireshin inda za a sauke maganin, in danna in tarar shafin ya mutu tun tuni.

Ɗaya dai ya buɗe. Wani ɗan ƙaramin abu ne da aka ce idan aka sa shi wasan zai tashi. Ina sauke shi manhajar tsaron kwamfutar ta yi ja, ta ce akwai cuta a ciki. Mutanen zauren sun ce ƙarya take, a kashe ta kawai. A laftof ɗin nan kuwa kundin digirina na biyu yake, aikin da na daɗe ina yi. Na kwafe shi a fulash, na dawo na ɗora yatsa a kan madannin na kasa dannawa. Abokiyar aikina ta leƙo ta karanta jan rubutun, ta ce ita ba ta san kan waɗannan abubuwan ba, amma idan kwamfutar ta mutu, ai wasan ma ya mutu ke nan. Na goge abin.

A wani zauren na ga wata hanya dabam. Akwai manhajar da ke gina kwaikwayon tsohuwar kwamfuta a cikin sabuwa, da ƙaramin ƙarfi da komai irin na da, ta yadda wasan zai ɗauka a zamaninsa yake. Sauke ta ya ci mini rai. Sai ta kusa ƙarewa wuta ta ɗauke, intanet ɗin ofis ya tafi da ita, a koma farko. Da ta samu kuma, ta ce in kawo faifan tsohon tsarin da ke tayar da kwamfuta, domin ita fanko ce.

Na kira Inna na ce ta duba kwalin Baba. Ta ce faya-fayan suna da yawa, duk kamarsu ɗaya a idonta. Ta tambaye ni ko magani ne a ciki. Na ce kusan haka. Ba ta ƙara tambaya ba. Ta ɗaure su duka a tsohon zani, ta haɗa da ƙullin busasshen kifi, ta ba wani direba a tasha. Na karɓa da yamma, faya-fayan suna ƙamshin kifi. Wanda nake nema yana ciki, da rubutun Baba a kansa da jan biro.

Da tsohon tsarin ya gama shiga ya buɗe, wani ƙaramin allo ya fito a tsakiyar nawa, launinsa shuɗi mai duhu-duhu, irin na shagon Baba sak. Na daɗe ina kallonsa kafin in iya ci gaba. Na sa wasan, ya shiga ba gardama. Na danna, ya buɗe.

Kogin ja ne, ciyawa ruwan hoda, mutanen kuma kore. Wannan bai ba ni wuya sosai ba, na gano cewa sai an rage yawan launukan allon. Abin da ya tayar mini da hankali shi ne gudu. Mutanen suna zirga-zirga kamar tururuwar da aka zuba wa ruwan zafi, damina da rani suna wucewa kafin in matsa linzamin kwamfutar. Ban kai ga sa su shuka komai ba na ga suna faɗuwa ɗaya bayan ɗaya, aka rubuta cewa garin ya mutu da yunwa. Na san zane ne kawai, amma na rufe laftof ɗin na fita waje na tsaya a ƙarƙashin dalbejiya na ɗan lokaci. Da na dawo na nemo inda ake rage wa kwaikwayon ƙarfi, na yi ta ragewa ina gwadawa, har mai saran itace ya koma ɗaga gatarinsa yadda mutum yake ɗagawa. Sauti ne kawai ya ƙi fitowa, duk abin da na taɓa.

Ina cikin neman sautin matar Yaya ta kira ni. Ranar wanki ce, amma ni aiki ya riƙe ni, wani ɗan'uwanmu ne zai raka shi. Ta ce mota ta zo ta tafi, Yaya ya ƙi fitowa. Tana magana ƙasa-ƙasa don kada ya ji.

Na tashi daga aiki na wuce gidan kai tsaye. Na same shi zaune a zaure an tokare masa baya da matasai, domin kwanciya tana toshe masa numfashi. Idanunsa sun ƙanƙance cikin kumburi. Na gaishe shi, na zauna, na buɗe laftof ɗin na juya masa. Hoton farkon wasan ya fito, kogi da bishiyoyi da 'yan bukkoki. Ya miƙo hannu. Na rufe.

"A can za ka yi, Yaya."

"Ni za ki yi wa wayo kamar yaron goye?"

"Kai ka ce ko kwana ne za ka yi."

Tunda nake ban taɓa mayar masa da magana haka ba. Ya kalle ni, na sunkuyar da kai, amma ban buɗe ba. Ya ce in tashi in ba shi wuri. Na fita ina tunanin ko na ɓata abin gaba ɗaya. Matarsa ta raka ni ƙofa. Na kira nas ɗin na roƙe ta ta nema mana gurbi washegari, ta ce za ta yi ƙoƙari, amma idan bai zo ba kada in sake sa ta hana wani.

Da safe na zo da mota ban san abin da zan tarar ba. Yana zaune a dakali da hularsa a kai. Bai amsa gaisuwata da kyau ba, amma ya shiga. Har muka isa Nguru yana kallon ruwan da ya fara taruwa a gefen hanya da ciyawar kacala da ta rufe shi.

Aka soka masa alluran, injin ya tashi. Na jawo teburin da ake ɗora wa marasa lafiya abinci na ajiye laftof ɗin. Na buɗe tsohon allon, na danna wasan. Sai wasan ya ce in sa faifai.

A ofis bai taɓa cewa haka ba, domin kullum na'urar tana haɗe da faifan a ciki, ni kuma ban lura ba. Yaya yana kallona, daga nan idonsa ya fara komawa kan robar. Na zazzage jakata a kan gadon. Allah ya sa da safe na jefa na'urar a ciki, da niyyar mayar wa mai ita idan mun dawo. Na haɗa, wayar ta ƙi shiga, na juya ta. Faifan ya ɗauki ƙararsa, nas ta waiwayo. Ya yi jim kamar zai tsaya, sannan filin ya buɗe, da mutane tsaye a bakin kogi suna jiran a ba su aiki.

Na sa masa linzamin a kan faranti a gefen damansa. Wasan yana buƙatar hannu biyu, na hagunsa kuwa a ɗaure yake, don haka na zauna a gefen gadon ina danna masa madannai idan ya ce. Maganarsa ta farko ita ce ina sautin. Na ce ya ƙi. Ya ce da can idan aka sare bishiya ana jin faɗuwarta. Bayan wannan bai sake ƙorafi ba. Ya tura mutum biyu daji, ya tura sauran gona. Ya ce in danna na rumbu, na danna na rijiya, ya yi tsaki ya ce har yanzu ban iya komai ba. Ina danne-dannen ina satar kallon goshinsa da alamar batir a ƙasan allo, kowanne ina jiran ya ba ni matsala.

A gadon da ke kusa akwai wani tsoho ɗan ƙabilar Bade, manomi daga wani ƙauye a bayan Gashua, wanda iyakarmu da shi gaisuwa. Ya ɗaga kai ya daɗe yana kallo, sannan ya tambayi Yaya da Hausarsa mai nauyi ko wancan shuɗin ruwa ne. Yaya ya ce kogi ne. Tsohon ya ce to wanda ya yi gona a nan bai taɓa ganin ambaliya ba, ya ja ta baya. Yaya ya ce ƙasar bakin ruwa ta fi kyau. Suka yi ta musu kamar gonar gado ce. Damina ta zo a wasan, ruwa ya cinye rabin gonar, tsohon ya yi dariya har injinsa ya yi ƙara nas ta zo ta gyara masa hannu.

Ban san lokacin ya cika ba sai da na ga nas ɗin tsaye a kanmu da auduga. Yaya ya ce ta ɗan dakata, rumbunsa saura kaɗan. Ta kalle ni, ta koma ta duba wani ta dawo.

Ba warkewa ya yi ba. Har yau ana yi masa wankin, akwai ranakun da yake fitowa a galabaice, wasan ma ba ya iya kalla. Gonarsa wani ke noma masa. Amma tun daga ranar bai sake cewa a cire masa kafin lokaci ba, kumburin ya sauka, yana kwanciya ya yi barci. Na je in mayar wa abokiyar aikina na'urarta, ta ce mijinta ya ce a bar wa mara lafiya. Laftof ɗin ma ta zama tasa, kundina a kwamfutar ofis na ƙarasa shi.

Tsohon nan ya zama abokin shawararsa na tsawon watanni, har nas takan haɗa musu gado kusa da juna. Wata rana muka zo muka tarar da wata mata a gadon tsohon. Yaya ya tambaya, aka ce 'ya'yansa sun ɗauke shi sun tafi da shi Maiduguri. Bai ƙara tambaya ba, ni ma ban bincika ba.

Likita ya fara yi mana maganar dashe, an ɗebi jinina an aika Kano a ga ko ƙodata za ta dace da shi. Yaya bai sani ba tukuna, Inna kaɗai na gaya wa. Kafin sakamakon ya zo, duk ranar wanki nakan riga shi buɗe laftof ɗin in tabbatar komai yana nan. Wani lokaci takan fito da saƙo cewa akwai sabon gyara da take son ta yi wa kanta, in amince. Ban san abin da gyaran zai taɓa ba, don haka kullum sai in danna mata cewa ta bari sai an jima.